Cire Fitilar Sama a Sa Fanka: Tambayoyi da Amsoshi ga Mazauna Saudiyya

Da zarar zafi ya kunno kai a Makka, Jidda ko Madina, 'yan uwa da yawa kan so su cire fitilar da ke tsakiyar ɗaki su rataya fanka a wurinta. Aikin bai fi ƙarfin mai hankali da haƙuri ba, amma abu biyu ne ke jawo kusan duk haɗarin da ake samu: abin da zai riƙe fankar a sama, da kuma tabbatar da cewa wayoyin da za a taɓa ba wuta a jikinsu. Gidajen ƙasar nan suna da nasu hali a duka biyun, wanda ya sha bamban da abin da aka saba da shi a Kano, Zinder ko Wad Madani.

Tunda akwai waya a wurin, ba sai in kwance fitilar in ɗaura fankar a inda take ba?

A'a. Wayar tana iya yin aiki, amma abin da ke riƙe da fitilar ba zai riƙe fanka ba. Galibin fitilun sama da ƙananan ƙusoshi biyu aka kafe su, a cikin fishar roba ko a jikin akwatin waya na roba da aka binne cikin dakin, wato kankaren rufin sama. Fanka ta yau da kullum tana kaiwa kilo 5 zuwa 8, masu ado da fitila a jiki kuwa sukan haura kilo 10. Kuma ba nauyi ne da ke zaune shiru ba. Duk lokacin da aka kunna ta sai ta murɗa abin da ke riƙe da ita, tana juyawa tana girgiza shi sa'o'i goma ko fiye a kowace rana. Fishar roba takan yi wata biyu ko shekara tana sassautawa a hankali ba wanda ya lura, sai ranar da ta zare gaba ɗaya. Fanka tana buƙatar ƙugiyarta ta ƙarfe, kafe a cikin kankare ko a jikin ƙarfen gini.

Na kashe makunnin bango, fitilar ta mutu. Zan iya fara aiki?

Kada ka fara. Wannan ita ce tambayar da muka fi so kowa ya karanta har ƙarshe.

Wutar Saudiyya iri biyu ce a gidaje. Tsohon tsari shi ne 127/220: tsakanin waya mai wuta da nutural (wayar da wuta ke komawa ta cikinta) volt 127 ne, sai an haɗa wayoyi masu wuta guda biyu ake samun 220. A shekarar 2010 gwamnati ta yanke shawarar komawa tsarin 230/400 a hankali cikin shekara 25, don haka sababbin gine-gine suna kan sabon tsari, tsofaffin gidaje da yawa kuwa har yanzu suna kan tsohon. A tsohon gida, idan fitilarka ta 220 ce, to duka wayoyin biyu da ke zuwa mata masu wuta ne. Makunnin bango ɗaya kawai yake yankewa. Fitilar za ta mutu, amma ɗayar wayar tana nan ɗauke da volt 127, kuma 127 ya isa ya kashe mutum, balle wanda ke tsaye a kan tsanin ƙarfe da gumi a hannu. Ko a sabon gida ma ana samun inda mai aikin ya yi kuskure ya sa makunnin a kan nutural, wayar wuta ta tafi sama kai tsaye.

Abin yi shi ne ka je akwatin rarraba wuta, wanda ake kira ɗablon, ka sauke birekar ɗakin. Idan ba a rubuta wace ce ta wane ɗaki ba, ko kuwa gidan tsoho ne, sauke babbar gaba ɗaya ka yi aikin da rana. Manna tef a kan birekar, ka sanar da mutanen gida, domin abin da ya fi faruwa shi ne wani ya shigo ya ga mukayyif, wato na'urar sanyaya ɗaki, ya tsaya, ya je ya ɗaga ta ba tare da ya san kana sama ba.

Bayan haka sai gwaji. Tesita mai ɗan ƙwan wuta a ciki ba abin dogaro ba ce ita kaɗai: wani lokaci takan kama a wayar da ba ta da haɗari, wani lokaci kuma haskenta ba ya ganuwa da rana. Samu mitar gwaji mai tsinke biyu. Gwada ta a soket ɗin da ka san yana da wuta kafin ka sauke bireka, don ka tabbata tana aiki. Sannan a sama ka gwada kowace waya da 'yar uwarta, da kuma kowace waya da wayar ƙasa, wato wayar kariya da ke kai wutar da ta yi yoyo cikin ƙasa. Sai ta nuna sifili a ko'ina kafin yatsanka ya taɓa tagulla.

Ta yaya zan san ko wutar wurin 127 ce ko 220?

Da mita, kafin ka sayi fankar. Wannan gwaji ne da ake yi da wuta a kunne, saboda haka idan ba ka saba ba, bar wa mai aikin wuta. A tsofaffin gidaje sau da yawa fitilu suna kan 127, mukayyif kuma yana kan 220. Idan ka haɗa fankar 220 a layin 127, za ta yi ta jan jiki kamar ba ta so, ko ta tsaya tana gurnani har kwail, wato naɗin wayar da ke cikin injinta, ya yi zafi. A sabon gida kuma akwai kuskuren da ya fi wannan muni: wanda ya saba da ɗauko layi biyu don ya sami 220, idan ya yi haka a tsarin 230/400, volt 400 zai ba fankar, kuma nan take za ta ƙone. A sabon tsari waya mai wuta ɗaya da nutural ake amfani da su.

Ɗan uwana zai zo daga gida, in ce ya taho mini da fanka?

Gara ka saya a nan. Wutar Najeriya, Nijar da Sudan tana kaɗawa sau 50 a daƙiƙa, ta Saudiyya sau 60. Injin fanka na gargajiya da wannan kaɗawar yake tafiya, kuma an zaɓi kwandansarsa, 'yar na'urar da ke tayar da shi, daidai da ita. Fankar da aka yi wa 50 idan ta sami 60, gudunta da wutar da ke bi ta kwandansa sukan canza, ta riƙa zafi fiye da kima, rayuwarta ta gajarta. Duba rubutun da ke jikin kan fankar: ka nemi 220 zuwa 240 V, da 60 Hz ko 50/60 Hz (Hz shi ne yawan kaɗawar). Kayan da aka shigo da su ta hanyar da ta dace an yi su ne bisa ƙa'idar SASO, hukumar kula da ingancin kaya ta Saudiyya.

Haka abin yake ga mai son kai fanka gida tsaraba. Wadda aka rubuta wa 60 kaɗai za ta rage gudu a can, ta kuma riƙa ɗumi. Mai 50/60 ba ta da wannan matsala.

Wace girma zan saya?

Ɗaki ƙarami, kamar mita 3 da 3, inci 48 ta wadatar. Mita 4 da 4 ko majalisi matsakaici, inci 56. Inci 36 ta lungu ce ko ɗan ƙaramin ɗaki. Majalisi mai tsawo ya fi dacewa da fanka biyu matsakaita a kan ƙatuwa ɗaya a tsakiya. Ka bar aƙalla rabin mita tsakanin bakin fiffike da bango, kabad ko labule.

Tsayi fa? Ɗakina ba shi da bisa sosai.

Fukafukan kada su gaza mita 2.3 daga ƙasa. Tsakaninsu da sama kuma a sami kamar santimita 25 zuwa 30, domin ta can take jawo iskar da za ta turo ƙasa. Idan ta manne da silin sai ta yi ta juyi ba iska. Fanka da sandarta ta asali takan sauko kimanin santimita 40. Ke nan ɗakin da tsayinsa ya kai mita 2.7 yana kan iyaka, wanda bai kai haka ba kuwa sai dai fanka mai gajeren wuya, ko ta bango. Auna daga tayil zuwa ƙasan jibs, allon silin da ake ratayawa a ƙarƙashin dakin, ba zuwa dakin ba.

Ɗakin yara mai gado hawa biyu ba wurin fankar sama ba ne, sai idan yaron da ke sama ba zai iya kai hannu gare ta ba ko da ya miƙe.

Saman ɗakina jibs ne. A nan zan kafe ta?

Ko kusa. Allon jibs kaurinsa bai wuce santimita ɗaya da ɗan wani abu ba, siraran ƙarafan da ke ɗauke da shi kuma an yi su ne don nauyin allon kaɗai. Ƙusar nan mai buɗe fukafukai a bayan allo, wadda ake rataya ƙaramar fitila da ita, ba ta fanka ba ce.

Yadda ake yi: a faɗaɗa ramin fitilar daidai yadda hannu da diril za su shiga, a kai ga dakin na ainihi, a kafe ƙugiya a can. Idan tazarar da ke tsakanin jibs da dakin 'yar kaɗan ce, sai a sayi sanda mai tsawo wadda za ta ratso ta ramin ta sauko inda ake so. Idan tazarar ta yi yawa, kamar santimita 30 ko fiye, ya fi kyau maƙeri ya haɗa faranti na ƙarfe da gajeren bututu a jikinsa, a kafe farantin da ƙusoshi huɗu a dakin, ƙugiyar ta zo daidai da fuskar jibs. Doguwar sanda mai zare ita kaɗai takan yi lilo, ta riƙa gogar bakin ramin har jibs ya fara tsagewa. A kowane hali a bar 'yar tazara tsakanin sandar da allon, kofin sama, murfin da ke saman sandar, zai rufe ta.

Kada a haɗa sanda biyu da waya ko da ƙusa don a ƙara tsawo. A sayi guda ɗaya mai tsawon da ake buƙata, wadda kaurinta da ramukanta suka yi daidai da na fankar.

Yaya ake kafe ƙugiyar a kankare?

Da farko ka san irin dakin da kake da shi. Gidaje da yawa a Saudiyya hurdi ne: jerin bulo mai rami a tsakanin siraran gadojin kankare, an shafe ƙasansu da filasta duk sun zama ɗaya a ido. Bulon bai riƙe komai. Ƙwanƙwasa da guduma a hankali: wurin bulo yana amsawa kamar ganga, wurin kankare kuwa sautinsa a toshe yake. Idan ka fara huda, diril ya shige da sauƙi bayan santimita biyu ko uku ya faɗa fili, ko ƙurar ta fito ja ko fara mai laushi, bulo ka samu. Toshe wannan ramin ka matsa gefe. Gadojin sukan zo kusan kowane rabin mita, faɗinsu kamar tafin hannu.

Na biyu, bututun waya. Wayoyin fitilar ta cikin bututun roba suka zo, binne a dakin. Leƙa cikin akwatin ka ga ta wane ɓangare bututun ya shigo, ka huda a ɓangaren da babu shi, 'yan santimita daga akwatin, yadda kofin sama zai iya rufe duka biyun. Idan bakin diril ya ci karo da rodi, tsaya. Kada ka tilasta shi ya yanke. Matsa kaɗan ka sake.

Ƙusar da ake so ita ce ta ƙarfe zalla mai buɗewa a cikin rami idan an ɗaure noti, lamba M8 ko M10, mai ƙugiya ko zobe a ƙarshenta. Girman bakin diril yana rubuce a jikin ledarta, kada ka ƙara ko milimita ɗaya. Zurfin ramin ya kai santimita 5 zuwa 6 a cikin kankaren kansa, ba a lissafa kaurin filasta. Hure ƙurar ramin ta fita tas, domin ƙura na hana ƙusar kamawa. Buga ta ta shige, ɗaure da sifana har ta tsaya cak. Idan tana ta juyawa ba ta kamawa, ramin ya lalace, huda wani. Daga nan ka ja ta ƙasa da ƙarfi da hannu biyu, ƙafafunka suna kan tsani. Ko ɗan motsi ta yi, ba ta yi ba.

Wasu gidajen tun wajen gini an bar lanƙwasasshen rodi a cikin akwatin. Idan ka same shi, ba tsatsa ta cinye shi ba, kuma kaurinsa ya kai milimita 8 ko 10, ka huta da huda.

Ɗakina na saman bene ne, rufin kwano.

A nan a jikin ƙarfen da ke ɗauke da kwanon za a rataya, da ƙusa mai ratsawa ta fita ta ɗaya gefen a ɗaure ta da noti da washa, ko maƙeri ya yi waldar ƙugiya. Idan katako ne, ya zama babban azara mai lafiya, ba falankin silin ba.

Na kwance fitilar na tarar da wayoyi da yawa. Wace ce wace?

Kafin ka kwance komai, ɗauki hoto da wayarka. A sabon tsarin launi, ruwan ƙasa ce mai wuta, shuɗiya nutural, kore da rawaya wayar ƙasa. A tsohon tsari ja ce mai wuta, baƙa nutural, amma rawaya da shuɗiya ma sukan zama masu wuta. Ka ga ke nan shuɗiya tana iya zama nutural a wani gida, ta zama mai wuta a gidan maƙwabci. Sannan akwai masu aikin da suka ja duk launin da ya rage musu a nadi. Launi ishara ce kawai, mita ce ke yanke hukunci.

Wayoyi biyun da suka shiga fitilar su ne naka, da wayar ƙasa idan akwai. Sauran da ka ga an murɗe su tare an naɗe, suna wucewa ne zuwa wata fitila ko wani ɗaki. Kada ka raba su. Idan tef ɗinsu ya bushe yana warwarewa, sa musu kwanekta mai ƙusa ka mayar da su ciki. Wayar da robarta ta ƙeƙashe tana farfashewa saboda zafin tsohon ƙwai, a yanke har inda take da laushi. Idan duk tsawonta haka take, sai an ja sabuwa.

Kaurin waya ba matsala ba ne. Layin fitila na milimita 1.5 yana ɗaukar fanka ba tare da wahala ba, tunda wutar da take ja ba ta kai rabin amfiya ba.

To, yaya jerin aikin yake?

Ku zama mutum biyu, ɗaya a kan tsani ɗaya yana riƙe da shi yana miƙo kaya. Tsani mai ƙafa huɗu, ba kujera a kan tebur ba.

A ƙasa ake haɗa kan fankar da sanda. Fara zura kofuna biyun a jikin sandar, na sama bakinsa sama, na ƙasa bakinsa ƙasa. Wannan ake yawan mantawa har sai an gama a dawo a kwance. Zura wayoyin ta cikin sandar, ka kula kada ƙusar da za ta ratsa ta danne su. Sa ƙusar, sa washa, ɗaure noti, sannan ka zura ɗan tsinken nan mai ƙafa biyu a raminsa ka buɗe ƙafafunsa. Wannan ɗan tsinke shi ke hana notin warwarewa saboda girgiza, kuma ba a maye gurbinsa da guntun waya. Akwai ɗaya a ƙasan sandar, akwai ɗaya a sama wajen robar da ke zama a kan ƙugiya.

Rataya kan fankar ba tare da fukafukai ba. Ya fi sauƙin ɗauka, kuma fukafukan ba za su lanƙwashe ba. Robar ta zauna daidai a cikin ƙugiyar. Idan fankar ta zo da siririyar igiyar ƙarfe ta kariya, ɗaure ta a wata ƙusa ta daban, ba a ƙugiyar da ke ɗauke da fankar ba, in ba haka ba ranar da ƙugiyar ta zare tare za su sauko.

Haɗa wayoyi da kwanekta: mai wuta da ta fito daga makunni, nutural, sai wayar ƙasa a ƙusar da aka tanadar mata a jikin sanda. Fere kamar milimita 8 kawai, kada tagulla ta leƙo waje. Ja kowace waya kaɗan ka ji ta kama. Murɗa waya da hannu a naɗe da tef ba ya jure girgiza da zafin ƙasar nan.

Sai fukafukai. Sa duk ƙusoshin da washarsu mai tsaga a sassauce, sannan ka bi su ɗaya bayan ɗaya ka ɗaure daidai wa daida. Tura kofin sama ya rufe haɗin, amma ka bar 'yan milimita tsakaninsa da silin. Kofin ƙasa kada ya taɓa ɓangaren da ke juyawa. Juya fankar da hannu ka saurara. Sauka, ɗauke tsani, kowa ya koma bakin ƙofa, sannan a ɗaga bireka a fara da lamba ɗaya.

Zan iya amfani da abin rage hasken fitila wajen rage gudunta?

A'a. Na fitila yana yayyanka wutar ne ta hanyar da injin fanka ba ya so, sai ka ji tana gurnani a ƙaramin gudu, kan yana zafi. Sayi regileta ta fanka, mai lambobi 1 zuwa 4 ko 5 da ake ji suna ƙas-ƙas. Ana sa ta ne a kan waya mai wuta, bayan makunni, kafin fanka. Regileta ɗaya fanka ɗaya.

Fankar da ta zo da rimot, da sababbin nan masu injin BLDC, ba a sa musu regileta ta bango ko kaɗan. Cikakkiyar wuta suke so, su da kansu suke sarrafa gudu. Regileta tana lalata musu allon lantarki.

Idan na cire fitilar, da me zan ga haske?

Hanya uku ce. Mafi sauƙi ita ce fanka mai fitila a jiki da rimot: wayoyi biyun da ke wurin sun isa, ɗan akwatin rimot ɗin yana ɓuya cikin kofin sama ya raba wutar. Ta biyu, a ja ƙarin waya ɗaya ta cikin bututun daga makunni zuwa sama, fanka da fitila kowa da makunninsa. Wannan yana yiwuwa idan bututun bai toshe ba. Ta uku, a mayar da hasken bango.

Abin da za a guje wa shi ne fitila a saman fukafukai ko dab da gefensu. Fukafukan za su riƙa yanka hasken, ɗakin ya yi ta walƙiya, mai karatun Alƙur'ani ko ɗalibi ya tashi da ciwon kai. Idan jibs ɗinka yana da ƙananan fitilun da aka binne, a cire waɗanda suka faɗo cikin da'irar fukafukan.

Na kunna tana rawa. Za ta faɗo ne?

Ɗan motsi kaɗan a babban gudu ba komai ba ne, robar sama don haka aka yi ta. Amma idan ana ganin sandar tana kai-komo, kashe ta. Sauke bireka, ka fara da duba ƙugiya da notocin sanda, sannan ƙusoshin fukafukai. In duk suna ɗaure, ɗauki ma'auni ka auna daga silin zuwa bakin fiffike ɗaya, juya na biyu ya zo daidai wurin ka auna, haka na uku. Bambancin da ya wuce milimita 3 ko 4 yana nuna ɗaya ya lanƙwashe, galibi a wajen ƙarfen da ke haɗa shi da kai. Idan ma'aunin daidai ne, nauyi ne ya bambanta: maƙala ɗan maƙalin shanya a tsakiyar fiffike ɗaya ka kunna, ka bi su duka har ka gano wanda rawar ke raguwa a kansa, sai ka manna ɗan nauyi a samansa. Fukafukan kowace fanka an auna su tare a masana'anta, don haka idan ka sayi biyu kada ka cakuɗa su.

Ba ta tashi sai an tura ta da sanda, ko gudunta ya ragu.

Kwandansa ce, kusan kullum. Zafi yana cinye ta a hankali. Tana ƙarƙashin kofin ƙasa, 'yar farar gwangwani ko baƙin akwati mai waya biyu. Karanta lambar da ke jikinta, yawanci wajen 2 zuwa 2.5 µF, ka sayi mai wannan lambar daidai. Sa babba don a ƙara gudu yana ƙona kwail. Bayan sauke bireka, haɗa bakinta biyu da sukudireba mai hannun roba don ta sauke wutar da ta riƙe kafin ka taɓa.

Idan ƙara ce kamar ana niƙa, boris, zoben ƙwallayen ƙarfe da injin ke juyawa a kansa, ne ya bushe ko ƙura ta shige shi. Ƙas-ƙas a kowane zagaye kuwa kofi ne ke gogar wani abu ko ƙusa ta sassauta. Warin ƙuna, ko bireka tana faɗuwa da an kunna, a kashe a kira mai gyara.

Tana juyawa amma iska ba ta saukowa.

Tsaya a ƙasa ka duba. A yawancin fankoki, iska tana saukowa ne idan tana juyawa saɓanin hannun agogo. Wasu suna da ɗan maɓalli a jikin kai ko a rimot na juya ta baya, wanda ke da amfani a sanyin Riyad ko Tabuk don sauko da ɗumin da ya taru a sama. Idan ba ta da maɓallin kuma tana tafiya baya, an musanya wayoyin kwail wajen canza kwandansa. Duba kuma ko an kifa fukafukan.

Gidanmu ba wayar ƙasa. Dole ce?

Jikin fanka ƙarfe ne. Ranar da robar waya ta goge a cikin sanda, duk jikin zai ɗauki wuta, mai goge ƙura ne zai fara sani. Wayar ƙasa ita ke sa bireka ta faɗi kafin hakan. Idan babu ita, kada a ɗaura a bututun ruwa, kada kuma a haɗa ta da nutural. A nemi mai aikin wuta ya sa na'urar yanke wuta mai gano yoyo, ta 30 mA, a ɗablon, kuma a riƙa sauke bireka duk lokacin da za a taɓa fankar.

Da gaske tana rage kuɗin wuta?

Fanka ta gargajiya tana cin wat 70 zuwa 80, mai BLDC wajen 30. Ɗauki wat 75, sa'a 10 a rana, kwana 30: kilowat-sa'a 22.5 ke nan. A farashin gidaje na halala 18 kowane kilowat-sa'a a matakin farko, kusan riyal 4 a wata kafin haraji. Mukayyif mai tan ɗaya da rabi yana cin abin da ya ninka wannan sau ashirin ko fiye. Ribar tana wajen haɗa su: da fanka a kunne za ka iya ɗaga mukayyif daga 22 zuwa 24 ko 25 jikinka bai ji bambanci ba.

Sai dai fanka ba ta sanyaya ɗaki, jikin mutum take sanyayawa ta hanyar busar da gumi. Barin ta a kunne a ɗakin da ba kowa asara ce. Kuma a tsakiyar zafin Makka, idan iskar cikin ɗakin kanta ta haura digiri 40, fanka ita kaɗai iska mai zafi take watsa wa mutum. Tsofaffi, jarirai da marasa lafiya kada a bar su da ita kaɗai a irin wannan rana.

Gidan haya nake. Sai na tambayi mai gida?

Tambaye shi, kuma amsar ta zama a rubuce ko da saƙon waya ne, musamman idan za a huda dakin ko a yanka jibs. Adana fitilar da ka cire da ƙusoshinta don ranar tashi.

Wace kulawa take so bayan an sa?

Bayan mako biyu ko uku da fara aiki, sauke bireka ka sake bin ƙusoshin fukafukai da notocin sanda, domin sukan ɗan saki bayan sun zauna. Daga nan sau ɗaya a shekara kafin zafi. Ƙura kuwa a ƙasar nan sai an riƙa gogewa akai-akai, musamman bayan guguwa, domin tana taruwa a bakin fukafukai ta ɓata daidaiton nauyi. Zura fiffike cikin tsohuwar rigar matashi ka jawo a hankali, ƙurar ta zauna a ciki, ɗaya hannun yana tallafe da shi don kada ya lanƙwashe. A Jidda, Yanbu da Jazan, inda iskar teku ke da laima da gishiri, leƙa ƙarƙashin kofin sama ka duba tsatsa a ƙugiya da tsinken noti. Kada a rataya kaya ko shanya a jikinta, kuma a ja kunnen masu ɗaga yara sama suna wasa da su a ƙarƙashinta.

Idan wuta ta kama wani ana cikin aikin fa?

Kada ka kama shi da hannu. Sauke babbar bireka nan take. In ta yi nisa, ture shi daga wayar da busasshen katako ko sandar roba. Kira motar asibiti ta Hilal Ahmar a 997, in gobara ce 998. Idan ba ya numfashi, a fara danna ƙirji har su iso. Ko ya miƙe ya ce lafiyarsa ƙalau, a kai shi asibiti a duba zuciyarsa, haka ma wanda ya faɗo daga tsani ya bugu a kai. Wutar da ta tashi daga waya ba a zuba mata ruwa sai an yanke layin.

Yaushe zan haƙura in kira mai aikin wuta?

Idan ba ka da mita ko ba ka iya karanta ta ba. Idan ka sauke bireka amma har yanzu akwai wuta a wata waya. Idan gidan na tsohon tsari ne kuma ba ka tabbatar da wane layi ne 127 wane ne 220 ba. Idan wayoyin sun ƙone ko sun yi baƙi, ko dakin yana da tsaga, ko filasta tana zubowa rodi ya bayyana da tsatsa. In ya zo, ka tsaya ka ga irin ƙusar da zai kafe da inda zai kafe ta, ka kuma tabbata ya sa tsinken noti biyun kafin ya rufe kofuna.